Giɓin da Darwin Ya Bari a Littafinsa, da Waɗanda Suka Cike Shi

 

Yau tarihin wasu littattafai na kawo mana, daga fannin da ake kira nazarin juyin halitta, wato binciken yadda jinsunan dabbobi da tsirrai da ƙwayoyin cuta suke sauyawa a tsawon zamani. Na san da jin sunan Darwin wasu za su gyara zama, wasu kuma su ɗaure fuska. To, tun kafin mu yi nisa: batun asalin ɗan Adam da abin da addini ya faɗa a kansa yana da malamansa, kuma ba a nan za a yanke shi ba. Abin da na ɗauko shi ne labarin wani littafi da ya fito da ƙaton giɓi a tsakiyarsa, da wata maƙala da ke ɗauke da abin cike giɓin amma ta yi shekara 34 ba wanda ya gane darajarta, da mutanen da sai bayan shekara kusan 80 suka iya haɗa biyun wuri guda. Ƙarshen labarin yana isowa har ɗakin gwajin jinin da ake tura masu shirin aure a garuruwanmu.

Waɗanda suka riga shi

Ba Darwin ne ya fara cewa jinsunan halittu suna sauyawa ba. A 1809, shekarar da aka haife shi, wani Bafaranshe mai suna Lamarck ya buga littafinsa Philosophie Zoologique. A ganin Lamarck, gaɓar da dabba ke yawan aiki da ita tana ƙarfi, wadda ta bari tana rauni, kuma 'ya'yanta suna gadon wannan sauyin. Misalin da aka fi tuna shi da shi shi ne raƙumin dawa: yana miƙa wuya don ya kai ga ganye, sai wuyan zuriyarsa ya yi ta ƙara tsawo.

A 1844 kuma wani littafi ya fito a Ingila mai suna Vestiges of the Natural History of Creation, ba sunan marubuci a jikinsa. Jama'a suka yi ta rububin sayensa, masana kuwa suka yi masa kaca-kaca saboda kurakuran da ke ciki. Sai a 1884, bayan mutuwar mai shi, aka bayyana cewa wani maɗabba'i ne ɗan Sikotilan, Robert Chambers. Darwin ya ga dukan da aka yi wa wannan littafi, kuma ya ɗauki darasi: duk wanda zai sake taɓo wannan magana, sai ya zo da hujja mai nauyi.

Shekara ashirin a aljihun tebur

Darwin ya bar Ingila a jirgin ruwan Beagle a watan Disamba na 1831, yana ɗan shekara 22, bai dawo ba sai Oktoban 1836. A cikin jirgin ya karanta littafin Charles Lyell a kan tarihin duwatsu da ƙasa, wanda ya nuna cewa ƙananan abubuwan da muke gani kullum, kamar zaizayar ruwa da girgizar ƙasa, su ne ke sassaƙa tsaunuka da kwaruruka idan aka ba su dogon lokaci. Ya tono ƙasusuwan wasu manyan dabbobi da suka shuɗe a Kudancin Amurka, ya lura suna kama da ƙananan dabbobin da ke yawo a wurin a lokacin. A tsibiran Galapagos ya ga tsuntsaye da kunkuru da suka ɗan bambanta daga wannan tsibiri zuwa wancan.

Makullin tunanin nasa ya faɗo masa ne a Satumban 1838, yana karanta littafin Thomas Malthus a kan yawan al'umma, wanda aka fara bugawa a 1798. Malthus ya ce haihuwa tana gudu fiye da abinci. Darwin ya ɗauki wannan ya ɗora a kan dukan halittu, sai ga hujja mai matakai huɗu. Kowane jinsi yana haifar fiye da abin da zai rayu. Waɗanda aka haifa ba su zama ɗaya ba, kowanne da ɗan bambancinsa. Wasu bambance-bambancen suna taimakon mai su ya tsira ya hayayyafa. Kuma 'ya'ya suna gadon iyaye. Idan aka haɗa huɗun, aka bar su tsawon dubban zuriya, siffar da ke taimako za ta yawaita, wadda ke cutarwa ta ragu. Wannan shi ne abin da ya kira zaɓin yanayi. Kamar rariya ce da ba mai riƙe da ita sai fari da yunwa da cuta da maharbi.

A 1842 ya zayyana tunanin da fensir a shafi 35. A 1844 ya faɗaɗa shi zuwa shafi 230 ko kusa da haka, ya rubuta wa matarsa Emma wasiyya cewa idan ya mutu ba zato, a ware fam 400 a buga shi. Daga nan ya ajiye. Ya kwashe shekara takwas yana nazarin wasu ƙananan halittun teku masu ɓawo da ke manne wa duwatsu da gindin jirage. Ya shiga kiwon tattabaru, yana zama da masu kiwonsu yana tambaya. Ya jiƙa irin shuka a ruwan gishiri na makonni don ya ga ko zai iya tsallake teku ya tsira. Sai a 1856 ya fara rubuta babban littafin da yake nufi, wanda da ya kammalu da ya ninka wanda muka sani sau da yawa.

Ana cikin haka, a watan Yunin 1858, wasiƙa ta iso masa daga tsibirin Ternate, a ƙasar da yau ake kira Indunisiya. Mai aikowa Alfred Russel Wallace ne, wani matashi marar dukiya da ke rayuwa da sayar da ƙwari da tsuntsayen da yake tarawa. Zazzaɓi ya kwantar da shi, yana kwance ya tuna da Malthus, sai tunanin nan ya zo masa kusan daidai da na Darwin. Ya rubuta shi a 'yan shafuka ya aika wa Darwin ɗin, bai san mutumin ya shekara ashirin a kansa ba. Abokan Darwin biyu, Lyell da Joseph Hooker, suka shirya aka karanta rubutun mutanen biyu tare a taron Ƙungiyar Linnaeus ta Landan, ranar 1 ga Yuli, 1858. Wallace yana can nesa bai ma san ana yi ba. Darwin ma bai halarta ba, don ƙaramin ɗansa ya rasu kwana uku kafin ranar. Taron ya watse ba tare da wani ya girgiza ba.

Daga nan Darwin ya ajiye babban littafin, ya zauna ya taƙaita shi cikin wata 13. Wannan taƙaitawar ce ta fito ranar 24 ga Nuwamba, 1859, daga maɗabba'ar John Murray, kwafi 1,250, da sunan On the Origin of Species, wato Asalin Jinsunan Halittu.

Yadda aka gina littafin

A nan ya kamata mu marubuta mu ɗan dakata. Mutumin da ya zagaya duniya, ya ga abubuwan al'ajabi, da ya zo buɗe littafinsa sai ya fara da tattabara. Babi na farko kacokan a kan dabbobin gida ne da shukokin gona. Ya san mai karatunsa ya taɓa ganin yadda masu kiwo ke fitar da tattabaru iri-iri, mai buɗaɗɗiyar jela, mai kumburin maƙoshi, mai wuntsilawa a sama, duk daga tattabarar dutse guda. Duk wanda ya taɓa riƙe akurkin tattabaru a unguwa ya san wannan, haka manomin da ke ware zangarniyar da ta fi cika ya rataye don irin baɗi, haka makiyayin da ke zaɓen bijimin da zai bari a garke. Sai da Darwin ya tabbata mai karatu ya ce “haka ne, na san wannan”, sannan ya tambaye shi: idan mutum ya iya haka cikin 'yan ɗaruruwan shekaru, me yanayi zai iya cikin miliyoyi?

Abu na biyu, ya ware babi guda, na shida, ya jera matsalolin da ke cikin ra'ayinsa da hannunsa. Ina ƙasusuwan halittun da ke tsaka-tsaki? Ta yaya ido, da duk tsarinsa, zai samu a hankali a hankali? Ya kawo sukar da ƙarfinta kafin abokan hamayya su kawo, ya amsa abin da zai iya. A littafin gaba ɗaya zane ɗaya ne tak, na rassa da ke fita daga tushe guda. Batun ɗan Adam kuwa ya kauce masa, in ban da ishara ta jimla ɗaya kusa da ƙarshe. Sai a 1871 ya rubuta littafi a kansa, The Descent of Man.

Giɓin

Matakai huɗun nan da na lissafa, na huɗun shi ne gado, kuma a nan ƙafar Darwin ta gaza. Kowa ya san barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe. Kowa kuma ya san wani lokaci albasa ba ta yin halin ruwa. Amma ta wace hanya siffa ke tashi daga uwa da uba ta sauka a jikin ɗa? Masanan zamanin sun ɗauka gauraya ake yi, kamar a zuba nono a ruwa.

A 1867 wani injiniya mai suna Fleeming Jenkin ya nuna abin da wannan ke nufi ga littafin Darwin. Idan gado gauraya ne, to dabbar da aka haifa da wata sabuwar siffa mai amfani za ta haɗu da wadda ba ta da ita, ɗansu ya sami rabi, jikansu rubu'i, a haka har siffar ta ɓace kamar ɗigon shuni a randa, tun kafin zaɓin yanayi ya sami abin zaɓa. Misalin da Jenkin ya kawo na wani Bature ne da jirgi ya kife da shi a tsibirin baƙaƙen fata, misali mai cike da rainin da Turawan lokacin ke yi mana. Amma lissafin da ke ƙarƙashinsa ya dami Darwin ƙwarai.

A 1868 ya gwada tasa amsar. Ya ce kowace gaɓa ta jiki tana fitar da wasu ƙananan ɓurɓushi da ke taruwa a wurin haihuwa su wuce ga ɗa. Ɗan uwansa Francis Galton ya gwada abin, ya riƙa ɗura jinin baƙaƙen zomaye da sauran launuka a jikin zomaye masu ruwan toka. 'Ya'yan suka fito da launin iyayensu, ba ko ɗigo. An buga littafin Darwin sau shida yana raye, na ƙarshe a 1872, kuma a bugu na baya-baya ya ƙara jingina da irin ra'ayin Lamarck don toshe wannan kafa. Ya rasu a 1882 bai san yadda gado ke aiki ba.

Mai lambun wake

Alhali kuwa an riga an buga amsar tun 1866. A garin Brno, cikin ƙasar Cek ta yau, akwai wani malamin Kirista mai zaman zuhudu, Gregor Mendel, ɗan manoma, wanda ya karanta lissafi da kimiyya a Jami'ar Biyana amma ya kasa cin jarrabawar zama cikakken malamin makaranta. Daga 1856 zuwa 1863 ya shuka dubban tsirran wani irin wake na Turai a lambun gidan zuhudunsu. Yakan ɗebi garin furen wannan ya shafa wa wancan da hannu, ya rufe, ya jira, sannan ya yi abin da sauran masu irin wannan gwaji ba su cika yi ba: ya ƙirga.

Siffofi bakwai ya bi. Ɗauki guda ɗaya. Ya haɗa wake mai sumul da mai tamoji, 'ya'yan duk suka fito sumul, kamar tamojin ya ɓata. Da ya bar waɗannan suka hayayyafa, sai ga tamoji ya dawo a jikoki: 5,474 masu sumul, 1,850 masu tamoji. Kusan uku da ɗaya ke nan. Sauran siffofin shida ma haka suka ba shi. Ma'anar ita ce siffa ba ta narkewa. Kowane tsiro yana ɗauke da ƙwayar gado biyu ga kowace siffa, ɗaya daga kowane ɓangare na iyaye. Wata tana rinjayar wata a ido, amma wadda aka danne tana nan lafiyarta lau, tana jiran ta haɗu da irinta. Ke nan ɗigon shunin Jenkin ba ya bajewa a randa. Ya fi kama da tsakiya da aka jefa cikin kwano, ana iya tsamo ta bayan zuriya goma yadda take.

Mendel ya karanta sakamakonsa a gaban ƙungiyar masu nazarin halittu ta garinsu a 1865, aka buga a mujallarsu a 1866. Ya mallaki fassarar Jamusanci ta littafin Darwin, har ya yi mata alamomi a gefen shafi. Darwin kuwa babu wata shaida cewa ya taɓa karanta Mendel. Rashin sani, kaza ta kwana a kan dami. Mujallar ƙarama ce, marubucin ba sananne ba ne, kuma masanan tsirrai na lokacin ba su saba ganin lissafi a rubutun lambu ba. Babban masanin da Mendel ya riƙa aika wa wasiƙu, Carl Nägeli, bai ga muhimmancin abin ba. A 1868 aka naɗa Mendel shugaban gidan zuhudun, aikin mulki da rigimar haraji da gwamnati suka cinye shi, ya rasu a 1884.

An samu amsa, sai aka rabu biyu

Kafin a tono Mendel, wani Bajamushe, August Weismann, ya kai wa ra'ayin Lamarck sara. Ya riƙa yanke wa ɓeraye jela zuriya bayan zuriya, aka haifi 'ya'ya 901 cikin zuriya biyar, ba ko ɗaya da ya zo da guntuwar jela. Hujjarsa mafi ƙarfi ita ce ƙwayoyin haihuwa a ware suke daga sauran jiki, don haka abin da ya sami jiki a rayuwa ba ya wucewa ga ɗa.

A 1900 masana uku, Hugo de Vries da Carl Correns da Erich von Tschermak, kowa ta hanyarsa, suka ci karo da maƙalar Mendel. Za ka zaci daga nan an huta. Ina! Masu bin Mendel, William Bateson a gaba, suka ce tunda gado gutsure-gutsure yake zuwa, to sabon jinsi ma da tsalle ɗaya yake samuwa, ba a hankali ba, saboda haka zaɓin yanayi ba shi da wani babban aiki. Masu awon jiki, Karl Pearson da Raphael Weldon, suka ce ku dubi tsayin mutane, ai ba dogo da gajere kawai ake da su ba, akwai duk abin da ke tsakani, don haka waken Mendel bai bayyana komai ba. Aka yi ta musayar zafafan kalamai a mujallu. Abin da ya kamata ya ceci littafin Darwin sai ya zama sandan dukansa, har wasu suka fara rubuta cewa ra'ayinsa yana kan gadon mutuwa.

Masu lissafi uku da mai fassara ɗaya

Wanda ya fara warware ƙullin malamin makarantar sakandare ne a lokacin, Ronald Fisher. A maƙalarsa ta 1918 ya nuna da lissafi cewa idan ƙwayoyin gado masu yawa ne ke haɗuwa su gina siffa ɗaya, kowacce da ɗan tasirinta, to za a sami daidai irin jerin nan na tsayi da Pearson ke aunawa. Ashe ɓangarorin biyu abu guda suke kallo. A 1930 ya buga The Genetical Theory of Natural Selection. A 1931 Sewall Wright na Amurka ya fitar da doguwar maƙala da ta nuna cewa a ƙaramar al'umma, sa'a kawai tana iya yawaita ƙwayar gado ko ta shafe ta. A 1932 J.B.S. Haldane ya buga The Causes of Evolution. Su ukun suka ba juyin halitta sabuwar ma'ana da za a iya aunawa: sauyin yawan wata ƙwayar gado a cikin al'umma daga zuriya zuwa zuriya.

Matsalar ita ce mafi yawan masu nazarin tsuntsaye da tsirrai da ƙasusuwa ba su iya karanta wannan lissafi. Amsar ta sake zama a rufe, wannan karon da makullin alƙaluma.

Wanda ya buɗe ta Theodosius Dobzhansky ne, haifaffen Yukiren a 1900. Ya taso yana tara ƙwari a daji, sannan a 1927 ya tafi Amurka ya shiga ɗakin binciken Thomas Hunt Morgan, inda tun 1910 ake nazarin gado a jikin ƙananan ƙudajen da ke bin ruɓaɓɓun 'ya'yan itace. Ya san daji, ya san ɗakin gwaji. Lissafi ne bai ƙware ba, kuma bai ɓoye ba: ya faɗa da bakinsa cewa a rubutun Wright farko da ƙarshe yake karantawa, ya amince da tsakiyar. Littafinsa na 1937, Genetics and the Origin of Species, ya ɗauki abin da masu lissafin suka gano ya faɗe shi da magana, ya cika shi da misalan ƙudaje da ƙwarin da ya kamo da hannunsa. Ku lura da sunan littafin. Da gangan ya ɗauki sunan na Darwin ya manna masa kalmar da ta ɓace a cikinsa.

Daga nan ƙofa ta buɗe. A 1942 Ernst Mayr, wanda ya yi nazarin tsuntsaye a dazukan Sabuwar Gini, ya rubuta Systematics and the Origin of Species, ya bayyana jinsi a matsayin al'ummar da ke iya hayayyafa a tsakaninta, ya nuna yadda tsauni ko teku ke raba al'umma ɗaya har ta zama biyu. Mayr yakan ba da labarin cewa mutanen tsaunukan Arfak suna da sunaye 136 ga tsuntsayen da shi ya ƙirga jinsi 137. A wannan shekarar Julian Huxley ya buga littafin da ya raɗa wa wannan haɗaka suna, Evolution: The Modern Synthesis. A 1944 George Simpson ya shigo da ƙasusuwan da, a 1950 Ledyard Stebbins ya shigo da tsirrai. Da aka gano ginin sinadarin DNA a 1953, ƙwayar gadon da Mendel ya hango ta hanyar ƙirga ta zama abin da ake iya nunawa.

Inda aka yi ɓarna

Tarihin nan ba fari fat ba ne. Galton ɗin nan na zomaye shi ne ya ƙirƙiro aƙidar “gyaran iri” a cikin mutane, wadda ta kai ga yi wa dubban mutane aikin hana haihuwa da ƙarfi a Amurka, kuma 'yan Nazi suka kai ta maƙura a Jamus. Surorin ƙarshe na littafin Fisher na 1930 wannan aƙida suke karewa. Littafin Darwin na 1871 ma yana jera al'ummomi hawa-hawa da Bature a sama, duk da cewa shi mai tsananin ƙin cinikin bayi ne. A Tarayyar Sobiyat kuma akasin haka aka yi: Trofim Lysenko, da goyon bayan Stalin, ya ƙaryata Mendel, aka haramta koyar da ilimin gado a 1948. Nikolai Vavilov, wanda ya zagaya duniya yana tara irin shuka don yaƙar yunwa, ya mutu da yunwa a kurkuku a 1943. Mai karanta waɗannan littattafai sai ya riƙe nasa faifan, ya sheƙe tsaba daga ƙaiƙayi.

Muhawara ba ta ƙare ba

Bayan haɗakar an ci gaba da jayayya, sai dai a kan rassa. William Hamilton a 1964 ya bayyana dalilin da zai sa dabba ta sadaukar da kanta don danginta, tunda ƙwayoyin gadonsu ɗaya ne. George Williams a 1966 ya ja kunnen masu cewa siffa ta samu “don amfanin jinsi”. Richard Dawkins ya ɗauki tunanin waɗannan biyun ya kai shi ga talaka mai karatu a The Selfish Gene na 1976, wato aikin Dobzhansky ya sake yi a wani zamanin. Motoo Kimura na Japan ya nuna tun 1968 cewa yawancin sauye-sauyen da ke cikin DNA ba su amfani ba su cutarwa, sa'a ce ke yawo da su. Niles Eldredge da Stephen Jay Gould a 1972 suka ce ƙasusuwan da suna nuna jinsi yakan daɗe bai sauya ba, sannan ya sauya cikin ɗan lokaci.

Yadda labarin ya iso gida

Yanzu mu dawo kan cutar sikila. Mai AS lafiyarsa lau, amma yana ɗauke da ƙwayar S a ɓoye, kamar waken Mendel mai sumul da ke ɗauke da tamoji. Idan AS ya auri AS, kowane ciki yana da kaso ɗaya cikin huɗu na zuwa da SS, biyu cikin huɗu AS, ɗaya cikin huɗu AA. Uku da ɗayan nan ne na lambun Brno. Kuma kowane ciki sabon lissafi ne. Ba a cewa tunda na farko ya zo da ita, uku na gaba sun tsira.

Wannan rabin Mendel ke nan. Rabin Darwin kuma tambaya ce: ƙwayar da ke kashe yara kafin su girma, me ya sa ba ta ƙare ba? Me ya sa a Najeriya kusan mutum ɗaya cikin huɗu yana ɗauke da ita? Anthony Allison, wanda ya girma a Kenya, ya lura cewa S ta yawaita a bakin teku da kewayen Tafkin Biktoriya inda sauro ya yi katutu, ta yi ƙaranci a kan tsaunuka inda babu zazzaɓin. Ya auna jinin yara a Yuganda, ya buga sakamakon a 1954: masu AS sun fi samun kariya daga zazzaɓin cizon sauro mai tsanani. Wato a ƙasar da zazzaɓi ke ɗauke yara, mai AS ya fi mai AA damar girma ya haihu, don haka ƙwayar ta ci gaba da zama, masu SS kuma su ne ke biyan kuɗin. Haka nan maganin kulorokwin da iyayenmu suka dogara da shi ya daina aiki ne saboda ƙwayoyin zazzaɓin da suka jure masa su ne suka tsira suka hayayyafa. Wannan juriya ta iso Gabashin Afirka a ƙarshen shekarun 1970, ta bazu har ta kai mu.

Uwar da ke jinyar ɗa mai sikila, da saurayi da budurwar da sakamakon gwaji ya tsaya a tsakaninsu, suna da haƙƙin su ji wannan bayani da harshen da suke kuka da shi. Sau biyu a wannan tarihi amsa tana nan a rubuce amma ba ta amfani kowa ba, sau ɗaya don ba a karanta ba, sau ɗaya don ba a iya karantawa. A Hausa har yanzu a wannan matakin muke. Mai son ya gwada, ba sai ya zama farfesa ba, Dobzhansky ma bai iya lissafin ba. Ya dai fahimci abin sosai, ya tambayi likita ko malamin kimiyya ya duba masa, sannan ya nemi tasa tattabarar, abin da mai karatunsa ya riga ya sani, ya fara daga can.

Ga aikin mako ga mai sha'awa: a kalma 200, bayyana wa kakarka dalilin da ya sa iyaye biyu masu lafiya za su iya haifar ɗa mai sikila, ba tare da kalmar Turanci ko ɗaya ba in ban da haruffan A da S. A ajiye a ƙasa mu duba tare.

Allah ya ba marasa lafiyarmu lafiya, ya ƙara mana ilimi mai amfani. Sai mako mai zuwa, in Allah ya kai mu.